Ranar da Ilu Ya Shiga Fage Ba Laya

"Na ce a'a, Safiyatu! Sau nawa kike so in faɗa miki?"

Muryar Baba ta cika zauren. Ina durƙushe a gabansa, kaina a sunkuye, hawaye na ɗiga a kan tabarma.

"Baba, don Allah ka saurare ni..."

"In saurari me? Ni Alaramma Hussaini, da na tsufa ina karantar da littafin Allah a garin Gumel, in ɗauki 'yata in ba ɗan kokawa? Mai cika jiki da layu yana tsalle a gaban makaɗa? Kuma jikan 'yar bori!"

"Wallahi Baba, Ilu ba ya wasa da salla. Manomi ne, kokawar sai da kaka yake..."

"Rufe mini baki!"

Na share hawaye. Umma na jinmu daga tsakar gida, amma ko tari ba ta yi ba.

Baba ya ja carbinsa, ya sassauta murya, wadda ta fi tsawar ba ni tsoro.

"Kuma wannan yawo da aka ce za ki ja baƙi ranar Alhamis, har gidan bori da fagen kokawa, da ƙafata zan bi ku. In na ga abin da bai kwanta mini ba, aikin ma kin bar shi ke nan. Tashi ki ba ni wuri."

Kakar shekarar 1994 ce. Jiharmu sabuwa, ma'aikata na ta zuwa daga Filato da Binuwai da sauran wurare, mafi yawansu ba su san komai game da ƙasarmu ba sai hanyar ofis da ta kasuwa. Ni kuwa ƙaramar ma'aikaciya ce a sashen raya al'adu na ƙaramar hukuma. Shugabana, Mista Enoch, mutumin Filato ne, Kirista, ya daɗe a unguwarmu har sun saba da Baba, kullum da yamma suna hira a kan benci. Shi ya kawo shawarar a ɗebi baƙin nan a bas a zaga da su, su ga gari, su ga al'ada, a ƙare da kallon kokawa a Maigatari. Shi ne kuma ya ce ni zan zama 'yar jagora.

A wajen aikin nan na haɗu da Ilu. Motarmu ce ta kafe a yashi a hanyar Gagarawa, direba ya yi iya yinsa ya gaji. Sai ga wani saurayi ya fito daga gonar riɗi, ya ajiye laujensa, ya kama bayan motar ya ɗaga ta kamar ya ɗauki kwando. Da na ce masa sannu, sai wannan ƙaton ya rasa inda zai sa idonsa don kunya. Tun daga ranar zuciyata ta daina zama tawa ni kaɗai.

Washegarin faɗan nan, Ilu ya zo Gumel sayar da riɗi, ya biyo ta ofis. Muka tsaya a gindin dalbejiya.

"Safiyata... wa ya sa ki kuka?"

"Baba ya ƙi, Ilu. Ya ce ba zai ba mai ɗaura layu ba. Ya ce kai jikan 'yar bori ne."

Ya gyaɗa kai.

"Bai yi ƙarya ba. Kakata Iya Cindo ce uwata, ita ce ubana. Ina jariri iyayena suka rasu, da nonon akuya ta raine ni. Duk karon da zan yi, da hannunta take ɗaura mini kambu a damtse. Ba zan taɓa musun ta ba, ko don ke, sanyin idona."

"Ban ce ka musanta ta ba!"

"Na sani." Ya dube ni, idonsa ya kaɗa. "Amma ni kaina na daɗe zuciyata ba ta kwanta da layun nan ba. Kunyar Iya ce ta hana ni magana."

"Da wa za ka kara ranar Alhamis?"

"Dogo ɗan Damagaram."

Ko ni da ba 'yar fage ba na san sunan. An ce tunda ya fara ƙetaro iyaka, ba wanda ya taɓa ganin bayansa a ƙasa, kuma bara ya gurɗe ƙugun wani ɗan Haɗeja.

"Ilu, ka fasa... don Allah!"

Ya yi murmushi. "Ki yi mini addu'a kawai."

Ban gaya masa Baba zai zo ba. Na ji tsoron kada in ƙara masa nauyi a zuciya.

Ranar Alhamis da sassafe bas ta cika. Akwai malaman makaranta, akwai Madam Lovelyn, ma'aikaciyar jinya daga Binuwai mai yawan dariya, har da wani baƙo ɗan ƙasar Meziko da ya zo aikin gwajin irin dawa, kyamara rataye a wuyansa. Baba ya shigo da farar babbar rigarsa ya zauna kusa da Mista Enoch, fuskar nan ba annuri.

Na miƙe a gaba. Na yi bisimilla a zuci na fara.

"Jama'a, barkanku da zuwa Gumel ta Lautai!"

Muka tsaya a ƙofar fada, na ba su labarin kafuwar gari da Hausa, na maimaita da Turanci. Muka shiga unguwar maƙera, baƙi suka ga yadda ake fitar da fartanya daga jan ƙarfe. A marina Madam Lovelyn ta tsoma yatsa a ruwan baba na rini, ta fito da shi shuɗi, ta yi ta ihu ana dariya. Da na zo kan tarihin tsofaffin makarantun allo na gari, sai na ji gyaran murya a bayana.

"Ba haka ba ne, Safiyatu. Malaman farko ta gabas suka ɓullo, daga Barno."

Baba ne! Ya karɓe zancen, ya yi ta zuba bayani, ina fassarawa. Baƙi suka kewaye shi. Da ya gama suka tafa masa, ya ɗaure fuska kamar bai ji daɗi ba, amma na ga yana shafa gemu.

Daga nan sai Gagarawa, gidan Iya Cindo.

Bas na tsayawa Baba ya ce, "Ni nan na tsaya." Ya sauka ya zauna a inuwar zanar gidan daga waje, ya fito da carbi.

Iya Cindo 'yar tsohuwa ce siririya, idonta rangaɗau da kwalli. Ta tarbe mu da fara'a, ta shimfiɗa kayan borinta a tsakar gida: jar hular Ɗan Galadima, farin ƙyallen Malam Alhaji, baƙin zanen Doguwa, ga garaya jingine da bango. Ta riƙa faɗin sunan kowane iska da halinsa, wane mai kyauta ne, wane mai fushi, wace waƙa ake kiransa da ita. Ba a yi hawan bori ba, bayani kawai muka roƙa. Baƙi suka yi ta tambaya, ɗan Meziko na ta ƙyasta hoto.

Ana gamawa Mista Enoch ya ja su waje su ga kasuwar kayan lambu. Ni na tsaya yi wa Iya godiya, sai ga Ilu ya fito daga ɗaki da shirin tafiya. Muka haɗa ido, na sunkuyar da kai.

Iya ta ɗauko wani ƙunshi ta kwance. Kambu ne da guru da layu, sun sha mai sun yi baƙi.

"Zo nan, ɗan nan. Yau ba ranar wasa ba ce. Miƙo damtsen."

Ilu ya durƙusa a gabanta, amma bai miƙa hannu ba.

"Iya... yau ba zan ɗaura ba."

"Me ka ce?"

"Ba zan ɗaura ba, Iya. Daga yau na bari."

Ƙunshin ya suɓuce daga hannunta.

"Dogo fa za ka tara! Mutumin da aka dafa shi tun yana ciki! So kake a kawo mini kai a kan amalanke? Saboda yarinyar nan ne, ko? Ubanta ya ce mu arna ne, shi ne za ka zubar da ni?"

"Wallahi ko Sarkin duniya bai isa ya sa in zubar da ke ba!" Muryarsa ta karye. "Ke kika hana idonki barci a kaina. In Alaramma ya ce sai na rabu da ke zai ba ni Safiyatu, to na haƙura da ita, ko da zuciyata za ta fashe. Amma Iya, ƙarfin nan Allah ne ya ba ni, tuwonki ne ya gina shi. Ina so sau ɗaya in tsaya a fage daga ni sai Ubangijina. In na faɗi, na faɗi. Albarkarki nake roƙo, ita ta fi mini kowane kambu."

Na toshe bakina da mayafi, kuka ya ci ƙarfina.

Iya ta dube shi. Can ta kama kansa da hannu biyu, ta tofa masa a tsakar ka.

"Taurin kai irin na ubanka... Je ka. Allah ya ɗora ka a kansa. Allah ya tsare mini ƙashinka." Ta share ido da gefen zane, ta juyo gare ni. "Ke 'yar Malam, akwai wuri a motar taku? Ba zan zauna a gida zuciyata na Maigatari ba."

Muna fitowa na yi turus. Baba na nan zaune jikin zana, daidai inda muke magana. Carbin ya tsaya cak a hannunsa. Ilu ya gan shi, ya daskare, sannan ya zube ya kwashi gaisuwa.

"Allah ya gafarta Malam, ban san kana nan ba..."

"Lafiya," kawai Baba ya ce, ya tashi ya shige bas.

Ilu ya hau bayan babur ɗin abokinsa ya yi gaba. Mu kuma muka bi ta Sule Tankarkar, inda matan Fulani suka dama wa baƙi fura da nono mai sanyi a ƙwarya, aka kawo kunun zaƙi da zoɓo mai citta. Ɗan Meziko ya shanye ludayi bayan ludayi yana lumshe ido. Iya Cindo ta ƙi shan komai. Baba ma ya ce ya ƙoshi. Suna zaune nesa da juna, kowa ya zuba wa hanyar arewa ido.

Mun isa Maigatari kasuwa na ci. Na zaga da baƙi kara, suka ga raƙuma da manyan shanu, suka ga manyan motocin da mutanen ƙetare ke kira kamiyo ana loda musu buhuna. Bakina na bayani, hankalina na wani wuri. Bayan la'asar ganguna suka fara tashi daga bayan kasuwa.

Fagen ya cika maƙil, mutanen Najeriya da na Nijar sun yi da'ira, wasu a kan motoci, wasu a kan bishiya. An ajiye mana benci a gaba. Aka fara da ƙananan 'yan kokawa, ana kayarwa ana shewa. Ɗan Meziko ya raɗa wa Mista Enoch wani abu, shi kuma ya juya ga Baba yana dariya.

"Malam, wai a ƙasarsu 'yan kokawa rufe fuska suke yi da wata hula mai ado, har mutum ya tsufa ba a san kamanninsa ba."

Baba ya ce, "Ikon Allah. To in ya yi abin kunya, wa za a kama?"

Sai kiɗa ya canza. Fage ya ɗauki guɗa.

Dogo ɗan Damagaram ya shigo. Innalillahi! Tsawo kamar giginya, ƙirji kamar ƙofar gari. Layu tun daga wuya har ƙugu, kambuna sun cika damatsansa. Yaransa na biye da kwalabe, yana karɓa yana tuttula wa kansa wani baƙin ruwa, yana nuna kusurwoyin duniya da ƙahon rago.

"Ni ne Dogo, hadarin gabas! Wanda ya tare ni uwarsa ta yi asara!"

Makaɗin Gagarawa ya amsa da kalangu: "Ilu na Iya Cindo! Gagarau ɗan Gagarawa! Bijimin da ba a sa masa igiya!"

Ilu ya fito daga shi sai gajeren wando da warki. Damtse fayau, ƙugu fayau. Surutu ya ɓarke a wurin.

"Kai, yaron nan ba shi da komai a jiki!"

"Ya gaji da duniya ne?"

Ya tsaya a tsakiyar fage, ya ɗaga hannu biyu sama, ya shafa a fuska. Iya Cindo ta damƙe hannuna har sai da na ji zafi.

Alƙali ya hura usur.

Suka sunkuya suna zagaya juna, kowa na ɗibar ƙasa yana murzawa a tafi. Dogo ya kai cafka, Ilu ya goce. Ya sake kaiwa, wannan karon ya samu wuya. Suka sarƙe, kai da kai, ƙafafu na tona yashi. Dogo ya tura shi baya, ya tura, ya tura har bakin 'yan kallo. Na ga gwiwar Ilu ta lanƙwashe, saura ƙiris ta taɓa ƙasa.

"Wayyo Allah, Ilu!" Ban san lokacin da ihun ya fita daga bakina ba.

Ya turje. Jijiyoyin wuyansa suka miƙe. A hankali, a hankali, ya taso da dukkan nauyin Dogo a kansa. Dogo ya kai masa taɗiya, ya tsallake. Suka rabu suna haki, suka sake haɗuwa da ƙarfi har sai da na ji ƙarar ƙirjinsu.

Dogo ya fusata. Ya saki wuya ya rarumo ƙugu don ya ɗaga shi, kuma a nan ya ba da ƙafa. Kamar walƙiya Ilu ya nutse ƙasa, ya rungumo cinyoyinsa biyu...

"Ɗaga shi! Ɗaga shi, yaro! Allahu akbar, ƊAGA SHI!"

Na waiga a firgice. Baba ne! Yana tsaye a kan benci, hula ta karkace, carbi na lilo a sama, Mista Enoch na riƙe da gefen rigarsa kada ya faɗo.

Ilu ya ɗaga Dogo. Ƙafafun ƙaton nan suka bar ƙasa suna harbin iska, layu na kaɗawa. Ya juya da shi, ya shimfiɗe shi a yashi, rim!

Maigatari ta girgiza. Ganguna, guɗa, huluna a sama! Madam Lovelyn ta rungume ni tana tsalle, Iya Cindo ta zube a ƙasa tana kuka tana dariya, tana faɗin, "Ɗana ne! Ni na raine shi!"

Samari suka ruga za su ɗauke shi a kafaɗa, ya dakatar da su. Ya sunkuya ya miƙa wa Dogo hannu, ya tashe shi, ya kakkaɓe masa yashin baya. Dogo ya dube shi sama da ƙasa, ya girgiza kai, ya ɗaga hannun Ilu sama da kansa. Har mutanen ƙetare sai da suka tafa.

Daga nan Ilu ya ratso taro kai tsaye, ya durƙusa a gaban Iya ya ɗora kansa a ƙafafunta. Sai da ta shafa kansa ta sa masa albarka sannan ya matsa gaban Baba, ya sunkuyar da kai.

Baba ya riga ya sauko daga benci, yana gyara hula, yana ta gyaran murya kamar ba shi ne ya cika fage da ihu ba.

"Sa rigarka," ya ce. "Magariba ta kawo jiki."

A bakin masallacin kasuwa Baba ya ja salla, ya sa Ilu ya tayar da iƙama. Baƙinmu Kiristoci suka jira a bas suna ta maimaita labarin kayen. Da aka sallame, Baba ya aiko a kira ni da Iya Cindo. Mista Enoch na tsaye a gefensa.

Baba ya fuskanci Iya.

"Baiwar Allah, ba zan ɓoye miki ba, tsakanina da sana'arki akwai magana, kuma ba yau za ta ƙare ba."

Iya ta ɗaga kai. "Na sani, Malam."

"Amma na ji abin da yaron nan ya faɗa miki ɗazu, bai san ina ji ba. Ya ƙi saɓa wa Ubangijinsa, ya kuma ƙi wulaƙanta wadda ta raine shi. Na karantar da yara da yawa, ba kowanne ya iya haɗa biyun nan ba. Wadda ta yi wannan raino ta iya raino."

Hawaye suka zubo wa Iya.

Baba ya juyo gare ni. "Uwata."

Rabon da ya kira ni da wannan suna tun kafin maganar Ilu ta shigo gidanmu.

"Na'am, Baba..."

"Aikinki na gani. Kin fitar da garinmu kunya a gaban baƙi, ki ci gaba da abinki. Shi kuma wannan... har yanzu kina son sa?"

Na rufe fuska da mayafi. Mista Enoch ya ƙyalƙyale da dariya.

"Haba Malam! Wadda duk Maigatari ta ji ihunta?"

"Kai dai Enoch, ai naka bakin ba ya shiru." Baba ya murmusa, ya dubi Ilu. "Kana da baffa?"

"Akwai ƙanen mahaifina a Gagarawa, Allah ya gafarta Malam."

"Ka turo shi ranar Juma'a. Na ba ka Safiyatu."

Ilu, wanda ya ɗaga Dogo sama ɗazun nan, sai ga shi hawaye sun ɓalle masa. Ya zube ya riƙe ƙafar Baba yana kuka kamar ƙaramin yaro. Na faɗa jikin Iya, ta rungume ni tana cewa, "Zo nan, kishiyata, kin ƙwace mini miji na yafe miki!"

Kafin azumin da ya biyo baya aka ɗaura aure a ƙofar gidanmu. Gumel ta cika, Gagarawa ta taso gaba ɗaya, Madam Lovelyn ta jagoranci matan ofis da ankonsu. Har Dogo ya ƙetaro daga Damagaram da rago a bayan mota, ya ce wanda ya kayar da shi ya zama ɗan'uwa.

Da aka kai ni ɗakina jama'a suka watse, Ilu ya shigo ya tsaya daga bakin ƙofa yana murza hula a hannu.

"Safiyata... da gaske ke ce a gidana?"

Na ɗaga mayafi na dube shi, ina dariya hawaye na zuba.

"Ni ce, gwarzona. Shigo, gidanka ne."